Kanar Charles Young, Barden Amurka da Ya Rasu a Ikko

Kafin mota da jirgin sama su yawaita a duniya, doki shi ne ƙafar mayaƙi. Sarkin da ya fi barade shi ya fi ban tsoro, gama tafiyar da dakaru za su yi cikin kwana biyu, mahayi yakan yi ta a yini guda, ya auka wa abokan gaba tun ba su gama ɗamara ba. Ba a ƙasar Hausa kaɗai aka san haka ba. Turawa ma sun daɗe suna yaƙi a kan dawaki. Amurka kuwa, da yake ƙasa ce mai faɗin gaske, ba ta rabu da sojan doki ba sai a zamanin Yaƙin Duniya na Biyu. Cikin hafsoshin da suka yi suna a sojan dokin Amurka akwai wani baƙar fata, jikan mutanen Afirka, ana ce da shi Charles Young. Ya yi wa ƙasarsa aikin soja fiye da shekara 30, ya kai muƙamin kanar, ajalinsa kuwa a Ikko ya same shi, watau Legas ta Nijeriya.

An haife shi ran 12 ga watan Maris na shekarar 1864, a wani ƙauye wai shi Mays Lick, cikin jihar Kentaki. Ubansa Gabriel da uwarsa Arminta duk bayi ne, don haka shi ma cikin bauta ya faɗo duniya. A lokacin nan Amurka tana fama da yaƙin basasa tsakanin jihohin Arewa da na Kudu, babban abin da ya haddasa yaƙin kuwa shi ne maganar bauta. Akwai wani babban kogi da ake kira Ohayo, wanda ya raba Kentaki da jihar Ohayo. A wannan gaɓa ana sayar da mutum kamar akuya, a waccan gaɓa kuwa doka ta hana. A shekarar 1865 Gabriel ya gudu, ya haye kogin, ya shiga sojan Arewa cikin rundunar masu harba igwa. Shigarsa soja ta 'yantar da shi, ta kuma 'yantar da matarsa da ɗansa. Da aka sallame shi sai ya zauna da iyalinsa a Ripley, wani gari a bakin kogin ta gefen Ohayo.

Arminta ta iya karatu da rubutu, abin da ba safai ake samu wurin bayi ba, domin iyayengijinsu ba su son idonsu ya buɗe. Ita ta fara ɗora yaron a kan karatu. Ya shiga makaranta, ya gama babbar makarantar garinsu yana cikin na gaba a aji, sa'an nan ya zama malami a makarantar 'ya'yan baƙar fata. Yana da kunnen kiɗa, ya iya piyano da goge irin na Turawa. Yana kuma da saurin kama harshe, har ya iya Faransanci da Jamusanci da harshen mutanen Sifen.

A jihar New York, bisa wani tudu a bakin kogin Hudson, akwai makarantar da ake horar da hafsoshin sojan Amurka, sunanta West Point. Ba a shigarta sai da jarrabawa mai tsanani. A shekarar 1883 Charles ya yi wannan jarrabawa, ya zo na biyu a gundumarsu. Wanda ya zo na ɗaya bai zauna a makarantar ba, sai gurbi ya faɗo wa Charles, ya shiga a shekarar 1884.

Abin da ya tarar can ya fi jarrabawar wuya. 'Yan makarantar farar fata suka yi gaba da shi. Ba mai yi masa magana sai in aiki ya tilasta. Wurin cin abinci ba mai son zama kusa da shi, in kuwa aka tashi hutu, kowa ya nemi abokinsa a yi ta raha, shi ya koma ɗaki. Duk yaron da aka taɓa yi wa gaba a aji, ko da ta yini guda ce, ya san zafin abin. Charles ya sha wannan har shekara 5. Da fari yana da abokin ɗaki, wani saurayi baƙar fata mai suna John Alexander, amma da wannan ya gama a 1887 sai ya rage shi kaɗai cikin ɗaruruwan samari. Sai dab da ƙarshe ne waɗansu 'yan ajinsu suka fara sakin jiki da shi, da suka ga irin jimirinsa.

Karatun ma bai zo masa da sauƙi ba. A shekarar farko lissafi ya kayar da shi, aka sa ya maimaita aji. A shekarar ƙarshe kuma ya faɗi a ilmin aikin injiniya, 'yan ajinsu suka karɓi takardunsu a watan Yuni suka tafi, aka bar shi baya. Aka ba shi wata 2 ya sake shiri. Wani malami, Laftanan George Goethals, wanda daga baya ya shugabanci aikin haƙa mashigin ruwa na Panama, shi ya zauna da shi yana koya masa har ya ci. Ran 31 ga Agusta 1889 aka ba shi takardarsa. Su 49 ne a ajin, shi ne na 49. Zama na ƙarshe ba abin buga ƙirji ba ne, amma da yawa cikin waɗanda suka shiga tare da shi ba su kai ƙarshen ba sam, alhali su ba wanda ya yi gaba da su. Shi ne baƙar fata na uku da ya gama West Point, bayansa kuwa sai da aka shekara 47 kafin a sami na huɗu.

Muƙaman hafsoshi kamar matakan tsani suke. Na ƙasa shi ne laftanan, sai kaftin, sai manjo, sai laftanan-kanar, sai kanar. Bisa kanar sai janar, wanda a Amurka ake gane shi da tauraro a kafaɗa. Kanar runduna guda yake riƙe da ita, janar kuwa rundunoni ne a ƙarƙashinsa. Young ya sa ƙafa a matakin ƙasa, aka aika da shi runduna ta 9 ta sojan doki, can yammacin ƙasar.

A zamanin nan ba a haɗa baƙar fata da farar fata cikin sahu guda. Tun shekarar 1866 majalisar Amurka ta kafa rundunoni na baƙar fata zalla, biyu daga ciki na doki ne, watau ta 9 da ta 10, amma hafsoshinsu kusan duk farare ne. Mutanen ƙasar na asali, waɗanda Turawa suka tarar can suka laƙaba musu suna Indiyawa, su suka sa wa waɗannan mahaya suna Sojan Ɓauna. An ce sun ga gashin kansu ne ya yi kama da gezar ɓaunar ƙasarsu, wadda take da tozo da murɗaɗɗen gashi. Sojan ba su ji haushin sunan ba, har runduna ta 10 ta sa hoton ɓauna a tambarinta.

Sojan doki ba shi da lokacin kansa sai ya gama da dokinsa. Tun da asuba begila za ta tashe shi, ya nufi barga, ya share, ya goge dokin tun daga geza har wutsiya, ya ba shi hatsi da ingirici, ya kai shi ruwa. Yakan ɗaga kofato ɗaya-ɗaya ya duba ko tsakuwa ta maƙale, gama dawakinsu ana buga musu takalmin ƙarfe saboda duwatsu. Hafsa kuwa yakan bi layi yana duba bayan kowane doki, don in sirdi ya yi wa doki miki, to, an yi hasarar doki da mahayinsa gaba ɗaya har ran da ya warke. In za a yi doguwar tafiya, ba sukuwa ake yi ba kamar ranar hawan salla. Akan tafi sannu, a taɓa sassarfa, sa'an nan kowa ya sauka ya ja dokinsa da ƙafa na ɗan lokaci, don bayan dabba ya huta, ƙafar mutum kuma ta saki. Makamansu gajeriyar bindiga ce da libarba da takobi. Sau da yawa ma a ƙasa suke faɗa: cikin kowane mutum 4, ɗaya ya tsaya baya riƙe da dawaki, 3 su ci gaba da bindiga. Wannan aiki Young ya koya a barikin Fort Robinson ta jihar Nebraska da barikin Fort Duchesne ta jihar Utah, inda sanyi yakan sa ruwa ya daskare a bokiti.

A shekarar 1894 John Alexander ya rasu yana koyar da aikin soja a jami'ar Wilberforce ta jihar Ohayo, aka aiko Young ya maye gurbinsa. Can ya yi abota da W. E. B. Du Bois, wanda daga baya ya zama babban marubuci mai neman haƙƙin baƙar fata. Da ya koma Fort Duchesne sai ya tarar da wani saurayi cikin sojansa, Benjamin Davis, mai son zama hafsa. Young ya riƙa zaunar da shi yana koya masa lissafi da sauran darussa, har ya ci jarrabawa a 1901. A shekarar nan Young ya zama kaftin, aka tura shi da mutanensa tsibiran Filifin, waɗanda Amurka ta karɓe daga hannun Sifen, mutanen ƙasar kuwa suna yaƙin neman mulkin kansu. Ya yi kamar shekara ɗaya da rabi can cikin dazuzzuka da fadamu, sa'an nan ya komo San Francisco.

A shekarar 1903 aka ba shi wani aiki wanda ba na yaƙi ba. Bisa duwatsun jihar Kalifoniya akwai wani daji da ake kira Sequoia, inda itatuwan da suka fi na ko'ina girma a duniya suke. Babbansu tsawonsa ƙafa 275 ne, kewayen gindinsa kuwa ya wuce ƙafa 100, har yara 20 in sun kama hannun juna ba za su kewaye shi ba. Rimi da kuka a gabansa 'ya'ya ne. Waɗansu cikin itatuwan nan sun haura shekara 2,000 a tsaye. Gwamnati ta keɓe dajin don kada a sare su, amma a lokacin ba a kafa ma'aikatar masu tsaron irin waɗannan wurare ba tukuna, sai akan aika da soja su yi bazara can. Young ya hau da mahayansa daga San Francisco, ya zama shi ne mai kula da dajin duka, baƙar fata na farko da aka danƙa wa irin wannan amana.

Sojansa suka riƙa korar masu satar farauta da masu shigo da tumaki kiwo. Amma babban abin da ake tuna shi da shi, hanya ce. An daɗe ana son fitar da hanyar keken doki zuwa wurin manyan itatuwan, kowace shekara a taɓa kaɗan a bari. Young ya sa aka fara aiki da wuri, ya tsaya kan ma'aikata, kafin bazara ta wuce hanya ta isa. Mutanen garuruwan kusa suka ji daɗi, suka so a sa wa wani babban itace sunansa. Ya ƙi, aka sa wa itacen sunan Booker T. Washington, shahararren malamin nan na baƙar fata. Sai bayan shekara 100 aka zaɓi wani itace kusa da wannan aka raɗa masa sunan Young.

A shekarar 1904 ya auri Ada Mills, wadda ta haifa masa ɗa da 'ya. A shekarar nan kuma aka aika da shi tsibirin Haiti ya zama wakilin soja a ofishin jakadan Amurka. Aikin wakilin soja shi ne ya san ƙasar da aka aike shi, hanyoyinta da garuruwanta da ƙarfin sojanta, ya rubuta wa gwamnatinsa. Young ya bi ƙasar a kan doki lungu-lungu yana zana taswira. Ba kowace ƙasa ke murna da irin wannan baƙo ba, a 1907 kuwa ya koma gida.

A shekarar 1912 aka ba shi irin wannan aiki a Laberiya, nan Afirka ta Yamma, ya kuma zama manjo. Sojan Laberiya a lokacin nan ba su da tsari, albashi ba ya zuwa kan kari, saboda haka sukan ƙwace kayan talakawan da aka aike su tsarewa. Young ya zo da waɗansu hafsoshi baƙar fata daga Amurka, suka shiga gyara. Wajen ƙarshen shekarar labari ya zo an tsare ɗaya daga cikinsu da mutanensa can cikin daji. Young ya tashi da kansa, ya keta kurmi da ƙafa, gama ƙasar ba ta doki ba ce, ya isa ya fid da su. Cikin tafiyar nan aka harbe shi a hannu. Bai daɗe da warkewa ba kuma wani mugun zazzaɓi ya kama shi, irin wanda kan sa fitsari ya yi baƙi, ya kusa kai shi kabari. Saboda aikin da ya yi a Laberiya, a farkon shekarar 1916 ƙungiyar NAACP, mai neman haƙƙin baƙar fata a Amurka, ta ba shi lambar zinariya da ake kira Spingarn. Shi ne mutum na biyu da aka ba wa ita.

Bai ko huta ba sai ga wani aiki. Kudu da Amurka akwai ƙasar Meksiko, wadda a lokacin take cikin rikicin neman mulki. Ran 9 ga Maris 1916 wani madugun 'yan tawaye, Pancho Villa, ya ƙetare iyaka da dare ya auka wa garin Columbus na Amurka, aka kashe mutane, aka ƙone gidaje. Gwamnati ta tura Janar John Pershing da dubban soja su shiga Meksiko su kamo shi. Manjo Young yana cikinsu, yana jan wani sashe na runduna ta 10. Ƙasar duwatsu ce da ƙura, rana zafi, dare sanyi, abinci ya yi wuya, dawaki suka rame.

Ran 1 ga Afrilu suka ci karo da mutanen Villa kamar 150 a wani wuri da ake kira Agua Caliente. Aka kafa manyan bindigogi masu ɓarin harsashi kamar ruwa, suna harbi ta bisa kawunan mahaya, Young kuwa ya ja mutanensa suka zabura. Abokan gaba suka watse cikin duwatsu, bai rasa ko mutum guda ba. Ran 12 ga watan kuma sojan gwamnatin Meksiko, waɗanda ba su son ganin baƙin soja cikin ƙasarsu, suka kori wata 'yar ƙungiyar mahayan Amurka farar fata daga garin Parral, suka rutsa su a wani ƙauye, shugabansu Manjo Frank Tompkins ya sami rauni. Sojan Ɓauna suka ji labari, suka sako dawaki, suka iso bayan faɗuwar rana, Young yana cikin masu jan su. Ba a sake faɗa ba a wurin. Ba a kama Villa ba har aka janye soja a farkon 1917, amma Young ya fito da muƙamin laftanan-kanar. Saura mataki biyu ke nan tsakaninsa da tauraro.

A watan Afrilu na 1917 Amurka ta shiga Yaƙin Duniya na Ɗaya. Aka shiga ɗaukar soja dubu bisa dubu, baƙar fata kaɗai sun wuce 350,000. Soja in sun yi yawa, dole a ƙara janar-janar, saboda haka aka riƙa ɗaga kanar-kanar. Duk baƙar fatar Amurka suka zuba ido, gama Young ne babban hafsansu, layin zama kanar kuwa ya kusa zuwa kansa. In ya zama kanar a irin wannan lokaci, tauraro ba shi da nisa, sa'an nan hafsoshi farar fata masu yawa za su riƙa sara masa suna karɓar umurninsa. To, nan gizo yake saƙar. Wani laftanan farar fata daga jihar Misisifi ya kai kuka, ya ce ba zai iya aiki ƙarƙashin baƙar fata ba. Wani ɗan majalisar jiharsu ya kai maganar har gaban shugaban ƙasa, Woodrow Wilson.

Ana cikin haka sai lokacin gwajin lafiya ya zo, wanda akan yi wa kowane hafsa kafin a ɗaga shi. Likitoci suka ce Young yana da hawan jini, ƙodarsa kuma ta taɓu. Ba ƙarya suka yi ba, ciwon yana nan, shi ne ma ya zama ajalinsa daga baya. Amma mutumin bai daɗe da fitowa daga duwatsun Meksiko a kan doki ba, hafsoshin da suka zauna kan maganarsa kuwa sun ba da shawara a bar shi ya ci gaba da aiki, tun da ana cikin yaƙi. Ba a bi shawararsu ba. Aka ba shi muƙamin kanar, aka kuma sallame shi daga aiki. Rundunonin baƙar fata biyu da aka kafa don yaƙin suka tafi Faransa ƙarƙashin fararen janar-janar.

Young ya koma gidansa a Wilberforce. Ya yi ta rubuta takardu yana roƙo a mai da shi aiki, abokansa irin su Du Bois suka yi ta magana a jaridu, shiru. Da ya ga takarda ba ta biya ba, sai ya tuna gani ya kori ji. Ran 6 ga Yuni 1918 ya ɗaura wa dokinsa sirdi, ya kama hanyar Washinton, babban birnin ƙasar, yana da shekara 54 a duniya. Tafiyar ta soja ya yi, yadda ya saba tun yana laftanan: cikin kowace sa'a yakan hau minti 45, ya sauka ya taka minti 15 yana jan doki. Ya ratsa jihar Ohayo. Ya haye kogin nan da ubansa ya haye yana gudun bauta, sai dai shi ta wata mashiga can gabas. Ya hau manyan duwatsun Birjiniya ta Yamma, ya gangara jihar Birjiniya, inda a zamanin nan masaukai da yawa ba su karɓar baƙar fata, ko wane ne shi. Ran 22 ga watan ya shiga Washinton. Mil 497 ke nan cikin kwana 16, watau kamar mil 31 kowace rana.

Ya nufi ofishin Newton Baker, wanda yake riƙe da ma'aikatar yaƙi, don a gan shi da ido a kuma ga hanyar da ya biyo. Baker ya karɓe shi, ya saurare shi. Jaridun baƙar fata suka baza labarin ko'ina. Young ya koma gida yana jiran kira. Yuli ya wuce, Agusta ya wuce, Satumba da Oktoba suka wuce. Sai ran 6 ga Nuwamba aka kira shi, ba kuwa Faransa aka tura shi ba, wani sansanin horar da soja ne a jihar Illinois. Bayan kwana 5, ran 11 ga Nuwamba 1918, aka tsai da yaƙi.

A shekarar 1920 ya sake komawa Laberiya kan aikinsa na da, ko da yake an san abin da zazzaɓin ƙasar ya taɓa yi masa. Bai ƙi ba. Wajen ƙarshen 1921 aiki ya kawo shi Nijeriya, wadda a lokacin take ƙarƙashin mulkin Ingila. Nan ciwon ƙodar ya kayar da shi, aka kwantar da shi asibiti a Ikko, ya rasu ran 8 ga Janairu 1922 yana da shekara 57. Hukumar Ingilishi ta binne shi a Ikko da girmamawa irin ta soja. Du Bois ya yi rubutu mai zafi, yana zargin gwamnatin Amurka da tura marar lafiya inda ta san ba zai jure ba.

Matarsa Ada ba ta yarda a bar shi a baƙuwar ƙasa ba. Ta yi ta nema har fiye da shekara guda kafin a tono gawar a sa ta a jirgin ruwa. Ran 1 ga Yuni 1923 aka binne shi a Arlington, maƙabartar sojan Amurka da ke ƙetaren kogi daga Washinton, dubban mutane suka yi layi a bakin hanya don su ga wucewarsa.

Tauraron da bai samu ba, almajirinsa ya samu. Benjamin Davis, saurayin nan da ya koya wa lissafi a Fort Duchesne, shi ya zama janar baƙar fata na farko a sojan Amurka a shekarar 1940. Ɗan Davis kuwa shi ne baƙar fata na huɗu da ya gama West Point, a 1936. A shekarar 1948 shugaban ƙasa Harry Truman ya ba da umurni a daina raba soja saboda launin fata. A 2013 shugaba Barack Obama ya sa gidan Young na Wilberforce cikin wuraren tarihi da gwamnati ke kiyayewa. A shekarar 2021 kuma sojan Amurka suka ɗaga Charles Young zuwa muƙamin birgediya janar, aka yi bikin a West Point ran 29 ga Afrilu 2022, a gaban danginsa, shekara 100 bayan rasuwarsa.